Yadda Za Ka Gane Ruwan Rijiyar Lambunka Na Ja Da Baya, Da Abin Yi Kafin Ka Ƙara Mata Zurfi

Duk wanda ya taɓa noman rani a fadama ya san wannan ƙarar. Inji na tafiya lafiya lau, can sai ka ji muryarsa ta sauya, tiyo ya fara tari, ruwa na fitowa guntu-guntu da kumfa, daga nan sai iska. Ka kashe, ka ɗura masa ruwa, ka sake ja, ya yi minti goma ya koma gidan jiya. Galibi a watan Maris ko Afrilu abin ke faruwa, daidai lokacin da albasa ke ƙosawa, tumatir na kan 'ya'ya, rana kuma ba ta ɗaga wa kowa ƙafa. Abin da yawancinmu ke yi shi ne mu kira mai gyaran inji, in bai yi ba mu kira masu haƙa su ƙara fayif. Wani lokaci a dace. Sau da yawa kuma kuɗi ne ake zubawa a rami, domin ba a tsaya an gano ciwon ba kafin a sayi magani.

Ruwan da ke ƙarƙashin fadama kamar hatsi ne a rumbu. Damina ce ke zubawa, da ambaliyar kogi da ke kwanciya a kan ƙasa tana tsuma a hankali cikin yashi. Rani kuma ɗiba ake yi. Zamanin jigo da guga, ƙarfin damtsen mutum ne ke iyakance abin da zai ɗiba, shi ya sa rumbun bai taɓa jin jiki ba. Daga shekarun 1980, musamman bayan shirin Fadama da aka fara da tallafin Bankin Duniya a farkon shekarun 1990, ƙananan rijiyoyin fayif da injin fetur suka cika fadamun Kano da Jigawa da Bauchi da Sakkwato da Kebbi. Alheri ne babba, an ci an sha, matasa da yawa sun daina tafiya cin rani. Sai dai a lokaci guda abin da ke shiga rumbun ya ragu a wasu wuraren. Madatsar Tiga da aka kammala a 1974, da ta Challawa a 1992, sun rage faɗin ambaliyar da ke sauka dausayin Haɗeja da Nguru, alhali wannan ambaliya ce ke shayar da ƙasan wurin. Ga kuma masu tifa suna kwashe yashin koguna ba dare ba rana. Ɗiba ta ƙaru, zubi ya ragu.

Ba ko'ina ne ruwa ke ja da baya ba. Akwai yankunan da har tasowa yake yi, kamar wasu sassan kewayen Yamai. Wannan ne ma ya sa ba za ka dogara da labarin rediyo ko na majalisa ba. Rijiyarka za ka tambaya, kuma tana amsawa idan ka san yadda ake tambayar.

Mataki na farko: auna ruwan

Kayan aikin duka ba su kai kuɗin galan ɗin fetur ba. Nemi siririyar igiya mai ƙwari wadda ba ta miƙewa, tsawon mita 15 ya isa ga yawancin fadamu. Ɗaura mata ƙaramin ƙarfe a baki, noti ko kusa mai kauri, wanda zai shige cikin fayif ba tare da ya maƙale ba. Ari awon tela ko na magina ka yi ƙulli a kowace mita, ka sa ɗigon fenti a kowane rabin mita. Sai alli, da littafi mai bango mai ƙarfi, da biro.

Da asuba za ka auna, kafin kai ko maƙwabcinka wani ya tada inji, domin a lokacin ruwa ya kwana ya huta ya dawo matsayinsa. Cire tiyo daga bakin fayif. Goga alli a ƙarshen igiyar kamar tsawon kamu biyu, ka saka ta a hankali har ka ji ƙarfen ya taɓa ruwa, ka ɗan ƙara saki kaɗan, ka riƙe igiyar daidai bakin fayif da yatsa. Jawo ta. Inda alli ya jiƙe nan ne fuskar ruwa, tsakanin wurin da yatsanka shi ne zurfin. Rubuta kwanan wata da adadin. Kullum daga wuri ɗaya za ka auna, don haka ka yi wa bakin fayif ko bakin rijiyar alama da fenti. In yau ka auna daga baki, gobe daga ƙasa, lissafin ya lalace.

Bayan ka gama ban ruwan ranar, da ka kashe inji ka sake aunawa nan take, sannan bayan minti 15, bayan rabin awa, bayan awa ɗaya. Wannan zai nuna maka saurin da rijiyar ke farfaɗowa. Awon asuba kuwa, ka zaɓi rana ɗaya da ba za ka manta ba, misali Juma'a ko ranar kasuwar garinku, ka riƙa yi duk mako biyu. A cikin awon shekara duka, biyu ne suka fi daraja: na ƙarshen Oktoba, lokacin da rumbu ya cika, da na ƙarshen Mayu, lokacin da ya kai ƙarshen ramewa. Ko ba ka noma a lokacin, je ka auna waɗannan biyun.

Mataki na biyu shi ne sanin abin da injinka ke fitarwa. Abin da aka rubuta a jikin kwali ba ya aiki a gona. Kawo duro mai lita 200, ka sa bakin tiyo a ciki, ka duba agogon waya. Idan ya cika a daƙiƙa 30, injinka na ba da lita 400 a minti, wato lita 24,000 a awa. Yi wannan gwajin a farkon rani, ka maimaita kowane wata, ka rubuta a gefen awon igiya.

Karanta abin da littafin ke faɗa

A nan ne amfanin wahalar yake, don haka bari in ɗan daɗe a kai.

Idan awon asuba bai sauya ba, ruwa na inda yake tun Disamba, amma duro ya koma ɗaukar minti ɗaya maimakon daƙiƙa 30, to ruwan ƙasa bai yi laifi ba. Duba tiyon zuƙa ko ya tsage yana shan iska, duba robar haɗi, duba bawul ɗin ƙasa, duba farfelar cikin inji ko yashi ya cinye ta. In duk waɗannan lafiya, ramukan da aka tsaga a ƙasan fayif ne suka toshe da laka ko tsatsa. Wanke rijiyar ake yi, a tura mata ruwa da ƙarfi daga sama har ta amayar da dattin. Aikin yini ɗaya ne.

Idan kuma ruwa na nan da asuba, amma da ka tada inji sai ya faɗi da sauri ya fara shan iska, bayan awa ɗaya kuma ya dawo, to injin ya fi ƙarfin rijiyar. Yashin wurin ba ya sakin ruwa da saurin da kake zuƙa. Rage wutar inji, ko ka raba ban ruwan gida biyu, safe da yamma. Da yawa sun sayi inji mai inci uku suka ɗora wa rijiyar da mai inci biyu ne daidai da ita, suna ƙona fetur suna zuƙo yashi.

Akwai kuma wanda ruwansa ke faɗuwa duk lokacin da maƙwabci ya tada nasa injin. Gwajin mai sauƙi ne: ka bar naka a kashe, ka saka igiya, ka ce masa ya tada, ka auna bayan awa ɗaya. In ruwanka ya sauka, ƙwarya ɗaya kuke sha. Zurfafa taka ba zai raba ku ba, shi ma zai zurfafa tasa ne. Rabon lokaci ne mafita, kai safe shi yamma, ko kai yau shi gobe.

Sai na ƙarshe, wanda ya fi tada hankali. Ruwa ya sauka cikin rani ya dawo bayan damina, wannan al'adarsa ce, ba abin tsoro ba. Amma idan awon Oktoba na bana ya fi na bara zurfi, na bara ya fi na bara waccan, alhali damunan ba su yi muni ba, to ana ɗiban abin da ya fi zubi, kuma an fara cin iri. Shekara ɗaya ba ta isa hukunci ba, uku sun isa ka ɗauki mataki. Ka kuma lura da shaidun da ba sa bukatar igiya: rijiyoyin gida da ke ƙafewa tun kafin lokacinsu, mangwaro da giginya da ɗorawa na bakin fadama suna bushewa daga sama, kududdufin da a da ke kaiwa bazara yanzu ba ya wuce hunturu, ɗanɗanon ruwa ya sauya, farin gishiri ko kanwa na fitowa a bakin fangali.

Ka riƙe wannan adadi a ka: injin da ke zaune a sama yana zuƙo ruwa ba ya iya ɗago shi daga zurfin da ya wuce mita 7 zuwa 8, komai girmansa, komai sabuntarsa. Nauyin iskar duniya ne ke tura ruwan cikin tiyo, kuma iyakarsa ke nan. Idan awonka lokacin da inji ke aiki ya kusa mita 7, sabon inji ba zai cece ka ba. Wasu kan haƙa rami mita ɗaya ko biyu su saukar da injin ciki. Yana aiki, amma ina roƙonka da Allah, kada kowa ya zauna cikin ramin inji na aiki. Hayaƙin fetur na taruwa a ƙasa, ba ya gargaɗi, yana kashewa. Ka sa wa salansa dogon bututu ya fito sama, ka faɗaɗa bakin ramin don kada ya rufta, ka hana yara sauka.

Mataki na uku: lissafa abin da gona ke bukata

Lita ɗaya a kan faɗin mita ɗaya da mita ɗaya shi ne milimita ɗaya na ruwa. Kayan lambu da suka rufe ƙasa kan sha wajen milimita 5 a rana cikin sanyi, ya kai 7 ko 8 a tsakiyar bazara. Mu ɗauki lambu mai mita 50 tsawo, mita 50 faɗi, wato kwatan hekta. A lokacin sanyi yana bukatar lita 12,500 a rana. In kana ban ruwa duk kwana huɗu, lita 50,000 ke nan, aikin awa biyu da 'yan mintoci ga injin da muka auna ɗazu. Ƙara awa ɗaya saboda abin da ke ɓacewa a hanya, ya zama awa uku. Yanzu ka tambayi kanka awa nawa kake barin inji a kan irin wannan fili. Wanda ke yin awa shida, rabin fetur ɗinsa ya tafi a banza, kuma ruwan da ya wuce saiwa ya tafi da takin da ya saya da tsada. Tun da aka cire tallafin mai a 2023, ba manomin da ke da irin wannan kuɗin na zubarwa.

Kafin kowane ban ruwa, tona ƙasa zurfin tafin hannu kusa da shuka, ka damƙa. In ta dunƙule ta bar maka danshi a hannu, bari sai gobe. In ta wargaje, lokaci ya yi. Bushewar saman ƙasa ba ta nufin ƙishi.

Mataki na huɗu: toshe hanyoyin asara

Babbar ɓarauniya ita ce doguwar kwata ta ƙasa, musamman a jigawa. Kafin ruwa ya yi tafiyar mita 100 a kan yashi, kaso mai yawa ya nutse. Sayi tiyo mai naɗewa ka kai ruwa har bakin fangali, ko ka shimfiɗa leda mai kauri a cikin kwatar. Daidaita fangali da kyau tun wajen gyaran gona. In gefe ɗaya ya fi tudu, dole sai ka nutsar da kwarin kafin tudun ya sha. A ƙasa mai yashi ƙananan fangali sun fi manya.

Yi ban ruwa da sassafe ko bayan la'asar. Rufe ƙasa da ƙaiƙayi ko buntun shinkafa ko busasshiyar ciyawa, musamman ga tumatir da barkono da kankana, za ka ga tazarar ban ruwa ta ƙaru da kwana ɗaya ko biyu. Takin gida na sa yashi ya riƙe danshi. Shingen kara ta gabas da arewa na rage iskar hunturu da ke busar da ganye. Mai ƙaramin lambu zai iya ɗora duro a kan dakali mai tsayin mita ɗaya da rabi, ya haɗa siraran tiyo masu ɗigo, amma sai ya tace ruwan da ƙyalle, in ba haka ba ramukan za su toshe cikin mako guda.

Lokacin shuka ma ruwa ne. Wanda ya dasa a Nuwamba ya kwashe a Fabrairu ko farkon Maris ya yi nomansa lokacin da ruwa ke kusa, rana ke da sauƙi. Alkama tana son a shuka ta daga tsakiyar Nuwamba zuwa farkon Disamba. Albasa kuwa, yanke mata ruwa kamar mako biyu kafin cira, za ta fi daɗewa a ajiya. Inda ba a wasa da ruwa shi ne lokacin fure da ɗaukar 'ya'ya.

Shinkafar rani ita ce ta fi kowa sha. Ra'ayina, wanda ya dogara da rijiya kuma ƙasarsa yashi ce, ya haƙura da ita. Mai ƙasar laka da ba zai iya bari ba, ga dabarar da cibiyar binciken shinkafa ta duniya da ke Filifin ta yaɗa: yanko fayif mai faɗi tsawon santimita 30, huda rabinsa na ƙasa da ramuka da yawa, kafa shi a cikin fangali, ka kwashe ƙasar da ke cikinsa. Bayan dashe ya kama da kamar mako biyu, daina riƙe ruwa kullum. Bari ya janye har ka leƙa fayif ka ga ya sauka santimita 15 ƙasa da doron ƙasa, sannan ka sake cikawa zuwa santimita 5. Daga mako ɗaya kafin fure zuwa mako ɗaya bayansa, bar ruwa a kwance. Ana iya rage har kusan kashi 30 cikin ɗari na ruwan ba tare da amfani ya ragu ba.

Abu biyu nake jin tsoro a nan. Na ɗaya, mutum ya rage ruwan da kwatan hekta ke sha, sai ya ga sarari ya buɗe wani kwatan. Aljihunsa ya amfana, rumbun ƙasa kuwa bai ga komai ba. Na biyu, injin sola. Ni'ima ce ga wanda fetur ya gallaba, amma tsadar fetur ita ce ke sa mutum ya kashe inji. Da sola, wasu sukan kunna da hantsi su tafi kasuwa, ruwa na malala har magariba. In ka sayi sola, ka sayi tanki ko ka gina kwarami, ka riƙa kashewa kamar kuɗi kake ƙonawa.

Mataki na biyar: mayar wa ƙasa, kuma ku zauna

Ruwan saman da ya gudu cikin awa ɗaya ya bar gari bai amfani rijiyar kowa ba. Wanda aka tsayar ya kwana shi ke sauka. A gonakin tudu da ke saman fadama, jerin duwatsu a gicciye, da ramukan tassa, wato ƙananan ramukan shuka masu tare ruwa, da kunyoyi masu siffar rabin wata, duk suna rage masa gudu. Mutanen Tawa a Nijar sun yi nisa a wannan. Aikin Keita da aka fara a 1984 ya cika tuddai da kwaruruka da irin waɗannan shingaye, kuma a wasu kwaruruka an gina ƙananan madatsun da ke baza ruwan korama a kan fili maimakon ya wuce. A yashe kududdufai kafin damina. A bar itatuwan da ke tsirowa a gona, irin sassaben zamani da ake yi a ƙasar Maraɗi. Abin da ba a yi shi ne juye ruwan kwata kai tsaye cikin rijiya, domin maganin feshi da ƙazanta za su shiga ruwan da iyalinka ke sha.

Duk wannan hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ɗauki littafinka ka kai wa sarkin noma ko shugaban ƙungiyarku, a tara masu rijiya a fadamar, a sa mai unguwa ko dagaci ya shaida. Ku zaɓi rijiyoyi uku zuwa biyar, ɗaya kusa da kogi, ɗaya tsakiya, ɗaya can gefe, a ba matasa biyu aikin aunawa. Ku yi magana a kan tazarar da za a bari kafin a haƙa sabuwa, bisa gwajin maƙwabci da na bayyana. Ku yi magana a kan masu ɗibar yashi, ku ware inda ba za a taɓa ba. Sannan ku amince tun Oktoba: in awo ya nuna rumbu bai cika ba, bana kowa zai rage fili, ko a bar shinkafa a yi albasa da alkama. Ba a fafe gora ranar tafiya, kuma yarjejeniyar da aka ƙulla a Afrilu, amfani na ƙonewa, faɗa take zama.

In wani ya ce ai ruwan ƙasa ba ya ƙarewa, ba shi labarin Saudiyya, wadda ta noma alkama da ruwan ƙarƙashin hamada har ta sayar waje, daga baya gwamnati ta daina sayen alkamar gida a 2016 don ceton abin da ya rage. Jihar Punjab ta Indiya ta kafa doka a 2009 da ta hana dashen shinkafa kafin 10 ga Yuni, don a jira damina. A nan gida ma, rijiyoyin burtsatsen Borno da a shekarun 1960 ke feso ruwa da kansu, da yawa ƙarfinsu ya ragu, wasu sun tsaya. Gemun ɗan'uwa ya riga ya kama wuta.

Idan bayan duk wannan littafi ya nuna lallai sai an ƙara zurfi, to a ƙara da ido buɗe. Tsaya a wurin ranar haƙa. Sa a jera maka samfurin ƙasar da ke fitowa a kowace mita, ka ga inda yashi mai tsakuwa yake, domin nan ne ya kamata tsagaggen fayif ya zauna, ba cikin laka ba. A zuba tsakuwa mai tsabta kewaye da shi, a toshe saman da yumɓu ko siminti don ruwan gona kada ya bi jikin fayif ya sauka. Kafin ka biya cikon kuɗi, a tada inji na awanni da yawa a gabanka, ka gwada duro a farko da ƙarshe, ka ɗanɗana ruwan, ka saka igiya. In ruwan zai wuce mita 8 lokacin aiki, lissafa kuɗin famfon da ake nutsarwa cikin rijiya tun yanzu, ka gani ko amfanin lambun zai biya shi. Tsohuwar rijiyar kuma kada ka cike ta. Yi mata murfi, ta zama ta awo, ka buɗe wa sabuwar shafinta a littafi da awon ranar farko.